Daga Kano Zuwa Maraɗi Bisa Sawun Wayar Lantarki

Sababin wannan tafiya tawa zuwa Maraɗi shi ne, wani Alhaji daga cikin attajiran garin, wanda auratayya ta haɗa gidanmu da nasu tun zamanin cinikin gyaɗa, Allah ya hore masa ya gina makarantar Islamiyya da masallaci a jikinta, da niyyar ya bar su waƙafi. To, da aiki ya kai ga sa wayar lantarki, sai zuciyarsa ta kasa natsuwa, domin ya san ginin da yara za su cika da rana, iyayensu mata su cika da dare, ba a yi masa aikin gaggawa. Saboda haka ya aiko mini cewa in nemo masa wani masani daga Kano wanda zai duba aikin kafin magina su shafe bango. Na kuwa san wani dattijo a unguwarmu wanda ya ƙare ƙuruciyarsa yana hawan falwaya a zamanin NEPA, sa'an nan ya koma yi wa gidaje wayarin har furfura ta rufe shi. Da na kai masa maganar ya amsa, bisa sharaɗi guda, cewa za mu fara biyawa kasuwa ya zaɓi waya da hannunsa.

A Sabon Gari na fara ganin cewa sana'ar tana da nata fiƙihu. Mai shago ya sauko da naɗin waya, dattijon ya ɗaga shi ya ji nauyinsa, ya karanta rubutun da ke jikin robar, ya nemi tambarin hukumar kula da ingancin kaya, kana ya zaro wuƙa ya fere bakin wayar ya kankare ƙarfen. Na tambaye shi hikimar haka, ya ce, "Malam, jan ƙarfe na gaskiya ja ne har cikinsa. Akwai wadda ake yi da alminiyon a shafa mata ja a baya, idan ka kankare sai fari ya bayyana, idan ka sa mata ashana sai ta lanƙwashe ta zube." Abin da ya faɗa yana da asali a ilmi, gama alminiyon yana narkewa a zafin digiri 660, alhali jan ƙarfe sai ya haura 1,000, kuma idan kaurinsu ɗaya ne, abin da alminiyon ke iya wucewa da shi na wuta bai kai kashi biyu cikin uku na jan ƙarfe ba. Muka ɗaure kayanmu muka yi sammako.

Tun daga bayan gari dogayen turakun ƙarfe suka riƙa bayyana mana suna ɓacewa a tsakanin gonaki, muka wuce Bichi da Tsanyawa da Kankiya, dattijon kuwa yana ba ni labarinsu kamar mai ba da tarihin danginsa. Wutar da ke shigowa Kano tana zuwa tashar Kumbotso ne da ƙarfin bolt 330,000, a nan a sauke ta zuwa 132,000 a tura ta Katsina, daga nan a yi ta rage mata ƙarfi daraja bayan daraja, zuwa 33,000, zuwa 11,000, har taransifomar unguwa ta mai da ita 230 da ke shiga ɗaki. Dalilin ɗaga ta tun farko shi ne, gwargwadon yadda aka ƙara ƙarfin turawa, gwargwadon yadda yawan wutar da ke gudana cikin waya ke raguwa, asarar da ake yi a hanya ta zafi kuma ta ragu. Ya ambaci yadda aka fara kunna lantarki a Legas a ƙarshen ƙarni na 19, da kamfanin NESCO da ya kama ruwan Kurra a ƙasar Jos a 1929 don haƙar kuza, da madatsar Kainji da aka gama a 1968 mai megawat 760, da kafa NEPA a 1972, har zuwa sayar da kamfanonin rarraba wuta ga 'yan kasuwa a 2013. Amma ya ce duk wannan aiki na injiniyoyi iyakarsa bakin mita, abin da ke bayan mita kuwa yana wuyan mai gida ne da wanda ya ɗauka aiki, kuma a nan ne gobara ta fi tashi.

A Katsina muka rabu da babban layin, shi ya nufi Gazawa a cikin Nijar, inda yake rabuwa reshe ɗaya ya yi Maraɗi ɗaya ya yi Damagaram, mu kuwa muka bi ta Jibiya, muka tsaya ga ma'aikatan iyaka, muka shiga Ɗan Isa. Mutane da yawa a wajenmu ba su san cewa Nijar ta daɗe tana sayen mafi yawan wutarta daga Nijeriya ba, kusan kashi 70 cikin 100, tun da aka ja layin Birnin Kebbi zuwa Yamai a 1976, sai da aka yi juyin mulki ranar 26 ga Yuli, 2023, aka yanke wutar a farkon Agusta bisa takunkumin ƙungiyar ECOWAS, ba a mayar ba sai a Maris na 2024. Waɗanda muka shiga mota ɗaya da su sun ba mu labarin wahalar watannin nan, kuma tun daga kan iyaka ido yana ganin abin da ta haifar, watau faifan sola bisa rufin shaguna da gidaje, da injin janareto a ƙofar duk mai hali.

Maraɗi gari ne na Katsinawan da suka yi hijira bayan jihadi, har yau kuma sarkinsu Sarkin Katsina ake ce masa. Tsohon garin yana cikin kwarin gulbi ne, sai ambaliyar 1945 ta cinye shi, Faransawa suka tsaga sabon gari a kan tudu da tituna miƙaƙƙu suna gicciye da juna. Aka sauke mu cikin karamci irin nasu, aka kawo fura da nama, da dare ya yi na ɗauko abin cajin wayata zan sa a bango, sai na tarar ƙafafunsa uku masu kusurwa ba su da mashiga, domin soket ɗin ramuka biyu ne zagayayyu da ɗan tsinken ƙarfe a tsaye. Wuta ɗaya ce, daga layi ɗaya, harshen masu gida ɗaya, amma kowane ɓangare ya gaji ƙa'idar wanda ya mallake shi. Dattijon ya bayyana mini cewa Ingilishi sun fito da filogi mai ƙafa uku ne a 1947, bayan Yaƙin Duniya na Biyu, sa'ad da jan ƙarfe ya yi tsada, suka zagaya waya ɗaya ta bi soket-soket ta komo inda ta fito, suka sa fis a cikin kowane filogi, mafi girmansa amfiya 13. Faransawa kuwa ba su sa fis a filogi, sai su ja layuka dabam-dabam daga akwatin rarrabawa, kowane layi da birekarsa. Kowace hanya daidai ce idan an bi ta har ƙarshe. Illar tana zuwa ne idan aka ɗauki rabin wannan aka haɗa da rabin waccan, abin da kuwa ke faruwa kullum a garuruwan kan iyaka, inda kaya ke zuwa daga Kano ma'aikaci kuma ya koyi sana'a a Yamai.

Da gari ya waye muka tafi wurin ginin, muka sami saurayin da ke aikin, mai ladabi, ya durƙusa ya gai da dattijon. An riga an sassaƙe bango an binne bututun roba, an zura waya a wasu azuzuwan. Abu na farko da suka yi shi ne zama su daidaita launi, kuma a nan na ga hatsarin da ban taɓa tunaninsa ba. A tsohuwar ƙa'idar Ingila, wadda har yanzu mafi yawan wayar kasuwanninmu ke bi, ja ita ce mai wuta, baƙa ita ce ta dawowa wadda masu sana'a ke kira nutural, koriya ta ƙasa. Idan layi uku ne na manyan gidaje, ja da rawaya da shuɗiya dukkansu masu wuta ne. A ƙa'idar Faransa kuwa shuɗiya ita ce nutural, baƙa tana iya zama mai wuta. Watau wayar da ɗan Kano zai kama da hannu yana zaton lafiya, ita ce ɗan Maraɗi ya ɗora wa wuta, haka kuma akasin haka. Dattijon ya ce wa yaron, "Ɗana, mu bi taku, tun da ku za ku zauna da ginin, amma a rubuta a manna cikin murfin akwati, kuma kada ka yarda da launi har abada, ka yarda da abin gwaji." Yaron ya ce, "To, Baba." Sa'an nan ya bi makunnai ɗaya bayan ɗaya yana tabbatar da cewa wayar wuta suke yankewa, domin idan nutural makunni ya yanke, fitila za ta mutu, amma mazaunin ƙwan yana nan da wuta yana jiran yatsan wanda zai canja shi.

Inda aka daɗe shi ne kaurin waya. Ƙa'idar da suka yi ittifaƙi a kanta ita ce, layin fitilu murabba'in milimita 1.5 da bireka mai amfiya 10, layin soket murabba'in milimita 2.5 da bireka mai 20, abin da ke cin wuta da yawa kamar famfon rijiyar burtsatse a ja masa layinsa shi kaɗai. Lissafin ba shi da wuya ga mai son sani: a ninka bolt da amfiya a sami wat, saboda haka soket mai amfiya 13 iyakarsa kimanin wat 3,000, dutsen guga ɗaya kuwa yana iya cin 1,000 ko fiye, abin dafa ruwa ya fi haka. Siririyar waya da aka ɗora wa kaya mai yawa tamkar ƙaramar ƙofar gari ce ranar kasuwa, jama'a za su wuce, amma da gogayya, gogayyar kuwa ita ce zafi. Kuma zafin ba ya tafiya kafaɗa da kafaɗa da wutar, idan wuta ta ninka sau biyu shi sau huɗu yake ninkawa. Robar da ke rufe da waya an yi ta ne ta jure digiri 70, to, a ƙasar da bazara ke haura digiri 40 a inuwa, wayar da aka shimfiɗa tsakanin silin da kwano ta riga ta cinye mafi yawan haƙurinta tun ba a kunna kome ba. Wannan ne ya sa bireka, ko fis, dole ta kasance mafi rauni a layin, ta faɗi kafin waya ta yi zafi. Wanda kuwa fis ɗinsa ya ƙone ya ɗaure wurin da waya mai kauri don kada ya sake damunsa, ya mai da bangon ɗakinsa fis ne bai sani ba.

Cikin wannan bincike dattijon ya fere bakin wata waya da aka riga aka zura a azuzuwa biyu, fari ya bayyana. Wani ɗan aike ne ya sayo ta da araha, yaron kuma bai kankare ba. Alhaji ya zo, aka nuna masa, ya yi shiru, sa'an nan ya tambaya ko ba za a bar ta ba tun da fitila da fanka kawai za ta ɗauka. Dattijon ya ce, "Alhaji, Allah ya ƙara arziki, yau fitila da fanka ne. Bayan shekara goma wani malami zai kawo abin dafa shayi, ba ka nan, ba na nan, ba wanda zai gaya masa abin da ke cikin bango. Tayil ɗin da ka shimfiɗa a masallaci idan bai yi ba gobe ana ɓamɓare shi, wannan kuwa idan aka shafe sai an fasa gini." Alhaji ya ce a zare ta duka. Na ga girmansa a wannan, domin na san gidaje da yawa a Kano inda kuɗin fenti da labule ya ninka na waya, kuma idan ma'aikaci ya kawo lissafi, wurin waya ake fara ragewa, saboda ita ce baƙo ba ya gani.

Mas'alar da ta fi tsaya mini a rai ita ce wayar ƙasa, wadda mutanenmu suka fi rainawa, har wasu masu aiki su bar ramin soket na uku fanko. Aikinta shi ne ta haɗa jikin duk wani abu na ƙarfe da sandar jan ƙarfe da aka kafa cikin ƙasa, ta yadda idan waya ta goge ta taɓa jikin firji ko famfo, wutar ta sami hanya mai sauƙi ta gudu, na'urar kariya ta yanke, maimakon ta jira jikin mutum. Dattijon ya tsaya a inda ladan zai tsaya ya ce mu duba: mutum ne ya fito daga alwala, hannu da ƙafa da danshi, ba takalmi, ya kama makirfon na ƙarfe wanda ke haɗe da na'urar lasifika. Wutar da ke iya tsayar da zuciya ba ta kai kashi ɗaya cikin goma na amfiya guda ba, bireka mai amfiya 20 ba za ta ko motsa ba a kanta. Saboda haka ya wajabta a sa na'urar nan mai auna wutar da ta fita da wadda ta dawo, wadda ke yankewa da zarar bambancinsu ya kai miliamfiya 30, a layin masallaci da na wurin alwala da na soket duka. Kafa sandar ma ya zo da tasa wahala, gama tudun Maraɗi rairayi ne, busasshen rairayi kuwa ba ya karɓar wuta. Yaron ya ce al'adarsu su zuba gawayi da gishiri a ramin. Dattijon ya ce yana taimakawa, amma gishiri na cin ƙarfe kuma ruwan sama na wanke shi, gara a ƙara yawan sanduna, a zurfafa, a haɗa su, a kafa su kusa da magudanar alwala inda danshi ba ya yankewa, sa'an nan a auna da na'ura, a kuma sake aunawa da rani.

Batun janareto da sola bai ɗauki lokaci ba, domin hukuncinsa ɗaya ne: a sa makunnin sauyi wanda ba ya yarda wutar gida da ta gari su haɗu. Taransifoma tana aiki gaba da baya, idan injin gida ya tura wuta cikin layin gari, 230 sai ta koma dubbai, ta sami ma'aikacin da ya hau falwaya yana da yaƙinin an ɗauke wuta. Dattijon ya faɗi wannan da muryar wanda ya yi shekaru a saman falwaya.

Sai fitilu. An shirya ƙwai huɗu a kowane aji, ɗaya a kowace kusurwa, aka ce ai ya wadatar, tun da magabata da wutar kara da fitilar aci-balbal suka haddace Alƙur'ani. Haka ne, Allah ya saka musu, amma sun yi ne bisa larura, kuma mun ga yadda idanun da yawa daga cikinsu suka ƙare. Mizanin da masana suka ajiye wa ɗakin karatu shi ne lumen 300 a kan kowace murabba'in mita, watau aji mai mita 7 a 8 yana bukatar lumen 16,800, hasken ƙwai 21 ke nan masu lumen 800, tun ba a cire abin da bango da silin ke shanyewa ba. A dā wannan sai mai dukiya, domin tsohon ƙwai mai zare yana cin wat 60 kafin ya ba da lumen 800, fiye da kashi 90 cikin 100 na abin da ya ci kuma zafi ne. Ƙwan zamani na LED yana ba da wannan hasken da wat 9. Aka yi shawara aka tsaya a kan cewa azuzuwan rana a bar su ga tagogi da farin fenti da fitilu kaɗan, azuzuwa biyu na makarantar dare kuwa a cika musu haƙƙinsu da dogayen ƙwai a jere bisa tebura, domin dattijuwar da ta fara karatu bayan ta aurar da 'ya'ya ta iya rarrabe ɗigon fa na ƙasa da ɗigon ƙaf na sama a rubutun Warshu ba tare da ta kai allo bakin hanci ba. Dattijon ya hana a sa fitila a saman fanka, saboda fukafukan suna yanka hasken ya riƙa ƙyaftawa bisa takarda, ya sa a karkata ta allon bango don kada ta yi ƙyalli, ya kuma raba fitilun masallaci layi biyu, don idan bireka ɗaya ta faɗi ana cikin sallar isha'i kada duhu ya rufe jama'a gaba ɗaya.

Kafin mu juyo an kai mu gaisuwa wani gidan ƙasa mai soro da azara, inda na ga waya a fili an bi bango da ita da ƙusoshi, an haɗa ta a wurare da dama da murɗi da leda, ɓera ya ɗanɗana wani wurin, tana ratsa azara busasshiya. Dattijon ya roƙi mai gidan da girman Allah ya sa a zura ta cikin bututu a yi haɗin cikin akwati da dunƙule, gama haɗin da ya saki shi ne ke tartsatsi cikin dare. A hanyar komowa na yi ta tunanin cewa malamanmu na Malikiyya sun yi bahasi a kan lamunin masu sana'a, suka ɗora wa maɗinki da marini rankon kayan da ya salwanta a hannunsu, don maslahar jama'a. To, idan haka ne hukuncin riga, mai sa waya a ɗakin da yara ke kwana ya fi cancanta a tambaye shi, mai gidan da ya tilasta masa araha kuma yana da nasa kaso.

A Nijeriya akwai hukumar NEMSA, wadda doka ta kafa a 2015, tana jarraba masu aikin lantarki tana ba su takardar shaida. Ya kai mai karatu, idan kana da gini a hannu, ka nemi ganin wannan takarda kafin ka ba da aiki, ka sa a kankare wayar a gabanka, kada kuma ka yarda magini ya ɗora shafe sai an auna wayar ƙasa an rubuta maka abin da na'ura ta nuna.